Kwana Uku a Fayil ɗin Malam Yohanna

Shekara goma sha shida ke nan da rasuwar abokina Malam Yohanna, mutumin Kagoro da ya ƙare rayuwarsa yana koyarwa a Kano. A zamaninmu malami yakan san wanda ya girme shi a aiki ba tare da an buɗe fayil ba. Yanzu kuwa ina jin yara malamai suna lissafin ranar da kowa ya kama aiki tun kafin su san sunayen juna. Ban ga laifinsu ba, domin na san abin da kwana uku suka yi wa mutum.

Mu uku muka fito kwalejin horon malamai tare: ni, da Sani, da Yohanna. Wata Juma'a muka je ofishin ilimi sa hannu a rajistar kama aiki. Yohanna ne a gaban layi. Da ya ga rana ta take, sai ya ja baya ya ce, "Ku wuce, kada ku rasa salla. Ni tawa sai Lahadi." Na sa hannu, Sani ya sa. Akawun ma ya kulle rajista ya bi mu masallaci, bai kuma dawo ba. Yohanna ya sa hannu ran Litinin. Dariya muka yi ta yi masa, muna kiransa ƙaninmu.

Ni ban daɗe da alli ba. Aikin tafinta ya ɗauke ni zuwa Yamai, da Khartum, daga baya Jidda. Su biyun suka zauna, har suka haɗu a wata firamare a Tarauni. Gidajensu duka a Gyaɗi-Gyaɗi suke, babur ɗaya suke hawa da safe. Da hedimastan makarantar ya yi ritaya, aka ba Yohanna riƙon ƙwarya, ya shekara huɗu a kai.

Sai soja suka koma bariki, farar hula suka karɓi mulki. Sabbin mahukunta suka ce kowane muƙami za a tabbatar da shi bisa ƙa'ida, wanda ya riga kama aiki shi ne gaba. Aka buɗe fayil biyu. Takardunsu iri ɗaya, matakinsu ɗaya, amma Sani ya girme shi da kwana uku. Aka naɗa Sani, Yohanna ya koma aji biyar.

A lokacin kowa gani yake tunda doka ta dawo, kotu za ta share wa kowa hawaye. Yohanna ya shigar da ƙara. Lauyansa ya ce abu ɗaya ake bukata: wanda zai rantse cewa ya iso ofis ran Juma'a, akawu ne bai rubuta shi ba. Akawun ya rasu. Sani kuwa yana cikin waɗanda ake ƙara. Saura ni.

Wasiƙarsa ta same ni a Jidda. Ya rubuta, "Yaya Garba, ba kujerar nake kwaɗayi ba. So nake a rubuta cewa na zo." Na amsa masa cewa aiki ya yi yawa, sai bayan Hajji. Gaskiyar ita ce nauyin Sani na ji. Na ce a raina in na yi shiru za su sasanta. Na yi tafinta a rigingimu da Larabci da Faransanci, na fassara maganar baƙi kalma da kalma, amma na kasa faɗin jimla ɗaya da Hausa saboda abokina.

Shari'ar ta yi ta ɗaguwa har shekarun aikinsa suka cika. Kotu ta ce tunda ya yi ritaya, babu sauran abin da za a yanke. Bayan shekara biyu ya rasu. Sai a lokacin na dawo gida.

Sani yana nan, ya koma unguwar Babban Giji, ido ya yi rauni. Na je wurinsa kwanan baya, ya ce, "Garba, wallahi da ya zo ya ce min, da na rubuta na janye. Amma sammaci ya aiko min, kamar bai san ƙofar gidana ba." Na ce shi ma kunyarka ya ji. Sai ya ce, "To kai fa?" Da-na-sani ƙeya ce.

Nakan tambayi kaina me Yohanna zai ce da ya ga yau, da na'ura ke riƙe ranar kowa, babu akawun da zai kulle littafi ya tafi. Ina jin zai ce madalla. Ina kuma jin da za a sake jera mu, zai sake ja baya, don halinsa ke nan.

Ɗalibansa, waɗanda yanzu wasu likitoci ne wasu direbobin A Daidaita Sahu, har gobe Hedimasta suke ce masa. Wannan ya tabbata, babu mai ƙwacewa. Ni ma ga shaidata: Malam Yohanna ya zo ran Juma'a, kuma shi ne na farko a layi. Na faɗa, amma babu kotun da za ta karɓa yanzu, kuma wanda ya roƙe ni ba zai ji ba.