Tijjani da Gandun Gidan Ɗanmalam

A Cadawa in ka ji an ce "yaron nan Tijjani", kada ka duba ƙasa. Ɗaga kai. Ga shi can a fadar samari, furfura ta fara cin gemu, yana yi wa gawayin shayi fifita.

Shi ne ɗan fari a gidan Ɗanmalam, shi aka kai lakol saboda kansa na ja. Ya yi karatu har Maradi, ya dawo da diplom cikin leda, unguwa duka ta zo kallo. Daga nan sai jira. Konkur na ɗaukar ma'aikata ya zo ya wuce, wani ya zo ya bi sahu. Ya taɓa koyarwa a wani ƙauye wajen Gazawa, albashi na zuwa in ya ga dama, ya tattaro ya dawo ɗakin zaure. Budurwarsa Ummuhani da ya ce ta jira ya samu aikin buro, baiwar Allah ta yi iyakar jiranta. Yanzu ɗiyarta ake zuwa wa zance.

Ƙanensa Auta fa, wanda ko sunansa ba ya iya rubutawa? Ya bi motocin aya tun yana ƙarami, ya yi aure, ya cika tsakar gida da 'ya'ya. A garin nan kuwa, ko ka haɗiye littattafan duniya, muddin tuwon uwarka kake ci, ba ka girma ba.

Tijjani ya ce bai damu ba. Ƙarya yake, ya damu ƙwarai. Abu ɗaya ya riƙe a zuci: shi ne babba, ran da tsoho ya kau gandu da gida hannunsa za su dawo.

Tsoho ya kau bayan girbi. Ranar sadaka Tijjani ya zura babbar riga, ya zauna a tabarmar dattawa. Baba Iro, ƙanen marigayi, ya yi gyaran murya ya ce ba a barin gandu hannun wanda bai ajiye iyali ba, don haka Auta zai riƙe gida. Dattawa suka ce madalla.

"Baba, ni ne fa babba," in ji Tijjani.

Baba Iro ya dube shi da tausayi, abin da ya fi zagi ciwo.

"Mun sani, ɗana. Tashi ka taya samari rabon goro, za mu yi magana."

Ya tashi ya ɗauki faranti. Da ya zo kan Auta, Auta ya karɓa da hannu biyu, ya kasa ɗaga ido.