Buhun Shinkafar Yaya Bulus

Shekara bakwai ke nan da rasuwar yayana Bulus. Ya cika wata Asabar da hantsi a gidansa na unguwar Cheras, a ƙasar wajen da muke zaune. Ina wurin, tare da matarsa da 'yarsa Rifkatu.

Malamin injiniya ne, kuma babu abin da yake so kamar tseren motocin nan masu tayoyi a fili, masu ɗaukar direba kaɗai. Bai taɓa yi mana bayaninsu a filin tsere na Sepang ba, sai a kanti. Zai ɗora buhun shinkafa a can gaban amalanken sayayya, ya ce, "Ƙanena, sha kwana mu gani." Sai amalanken ya ƙi. Ya jawo buhun kusa da hannuna, nan take amalanken ya juya.

Daga nan sai tarihi. Da can inji a gaba yake, motar ta yi nauyin kai. Wasu ƙananan maƙera a Ingila suka mai da shi bayan direba, nauyi ya dawo tsakiya, direba ya sauko ƙasa. Manyan kamfanoni suka yi dariya, ba a jima ba duk suka bi sahu. Mun ji wannan har mun haddace.

Bayan jana'iza Rifkatu ta ce ta bar karatun injiniya, Jos za ta koma. Saura mata shekara ɗaya. Wata rana muka je cefane, na jefa buhu a gaban amalanke ba tare da tunani ba.

"Haba Baba ƙarami, ba nan ba lah," in ji ta da salon maganar mutanen ƙasar, ta jawo shi baya. Sai ta tsaya, hannunta a kan buhun. Ta yi dariya, dariyar ta koma kuka, masu sayayya suna kewaye mu.

Yau babban tseren ya daina zuwa Sepang, ga kuma motocin lantarki marasa ƙara. Na san Yaya zai yi ƙorafin shirun, sannan ya durƙusa ya nemi inda aka sa batir. Na gode wa Allah da ya ba mu mutumin da ya bar darasinsa inda muke zuwa kowane mako.

Litinin ɗin da ta biyo bayan cefanen nan Rifkatu ta koma aji. Motar tseren da ta haɗa tare da abokan karatunta a shekarar ƙarshe, batirinta a bayan direba yake.