Ido Na Kuka, Hannu Na Shuka

Kakata ba ta taɓa kiran sunan babana ba. Shi ne ɗanta na fari, kuma a ƙauyenmu, can kusa da Ɗan Kassari, uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, ba ta kallon tsabar idonsa, ba ta zaman hira da shi. Kunya ce, haka aka tarar. In tana so ya ci abinci sai ta ɗaga murya ta ce mini, "Kai angona, tahi ka ce ma wancan tuwo na hucewa," alhali wancan ɗin yana zaune a bayan danga yana jin komai. Ni kuwa sai in tafi da gudu in maimaita, ina jin kaina babban manzo.

Duk hirar da ta hana ɗanta, mu jikoki ta zuba wa. Da an gama cin tuwo, wuta ta lafa a murhu, sai ta tura gujiya cikin toka mai zafi, mu kewaye ta, ni da ƙanwata Rabi da yaran maƙwabta. Kaka ba ta buɗe tatsuniya kamar kowa. Cewa take, "Ga wata can tahe, ta gaji." Mu amsa, "A ba ta tabarma!" Tana da muryar kura, tana da ta zomo, tana da wata siririya ta amaryar da ke ƙaryar ba ta jin yunwa. Ga ta da wayo. Daidai inda labari ya yi daɗi take tsayawa ta ce bayanta na ƙaiƙayi, kuma kura ba za ta fito daga rami ba sai an sosa. Mun sosa bayan tsohuwar nan har ba iyaka, kuma ban taɓa jin an cuce ni ba.

Shekarar da nake son faɗi ita ce shekarar da Inna ta rasu. Cikin bazara ne, zazzaɓi ya ɗauke ta ba a daɗe ana jinya ba. Mu yara mun yi kuka, mun gaji, mun koma wasa, domin haka Allah ya yi zuciyar yaro. Baba ne bai yi kuka ba, bai kuma koma komai ba. Ya zauna kawai.

Sai ruwan shuka ya sauka. Wanda bai san shukar hatsi ba, aikin mutum biyu ne. Namiji na gaba da sungumi yana sara rami, wani na biye da ƙwaryar iri yana jefawa yana rufewa da diddige. Tun da aka yi aurensu Inna ce ke bin bayan Baba, tana jefa iri tana yi masa tsiya wai layinsa ya karkace kamar sawun maciji. To yanzu gari duk ya watse gona, sungumin Baba na jingine a gindin rumbu. Dattawa sun zo sun ce sai haƙuri, ya ce to. Liman ya zo ya yi nasiha, ya ce to. Ruwa na biyu ya zo ya wuce, hatsin mutane ya fara tsiro, gonarmu tana nan fili. Ko ni da ƙuruciyata na san in laima ta wuce ba mu shuka ba, rumbunmu iska zai ajiye bana. Tsoro ya kama ni sosai. Mutum ɗaya ce Baba ba zai iya ƙin maganarta ba, ita kuwa al'ada ta ɗaure mata baki.

Da yammacin nan Kaka ta ce hayaƙi na damun idonta, a ja mata tabarma. Muka ja. Ta ce a ƙara. Muka yi ta ja har muka dangana da dangar ɗakin Baba. Sannan ta buɗe tatsuniya da wata irin murya da za a ji ta har bakin rijiya.

Wai kurciya ce shaho ya ɗauke wa miji. Ta hau reshen gawo ta zauna tana kuka, ba ci ba sha. Tsuntsaye suka yi ta zuwa gaisuwa. Hankaka ya zo da farar babbar rigarsa ya yi wa'azi mai tsawo har ya manta abin da ya kawo shi. Zabuwa ta zo ta ba da labarin duk 'yan'uwanta da aka yanka, ta fi mai makoki kuka, sai da aka raka ta gida. Kowa abu ɗaya yake cewa, ki daina kuka. Kurciya kuwa ta ga in ta daina kuka kamar ta yar da mijinta ne, don haka ta ƙara riƙe reshe.

Can sai ga buzuzu yana tura dunƙulen kashin shanu, ya maƙale a saiwa. Bai yi gaisuwa ba, bai ma san an yi rasuwa ba. Kaka ta toshe hanci ta yi muryarsa: "Ke ta bisa! Da mi kike kukan ga?" Kurciya ta ce da ido. "To ƙahwa hwa, ita ma kuka takai?" Ta ce a'a. "To sabko ki tura man, ki ci gaba da kukanki, ni bai dame ni ba." Kurciya ta sauko don haushi, ta sa ƙafa ta tura. Da ta duba ƙasa sai ga tsabar hatsi, ta tsinci ɗaya, ta tsinci biyu, hawaye na zuba.

Mun yi dariyar buzuzu har Rabi ta shaƙe da gujiya. Da ta farfaɗo ta ce, "Kaka, to ta daina kukan?"

"Wa yac ce ta daina? Gobe ki kasa kunne, kina jin ta bisa icce. Har yau kuka takai, amma kin taɓa ganin kurciyad da yunwa tak kashe? Ɗiyan ga, ba a hana ido aikinai. Ido na kuka, hannu na shuka." Ta kakkaɓe zanenta ta ce tatsuniya ta huta, ta naɗe tabarmarta ta yi gaba. A bayan danga muka ji an yi gyaran murya, sannan muka ji wani sauti da ba mu taɓa ji daga Baba ba. Kaka ta juyo ta kora mu ɗaki da sauri, wai sauro.

Da safe ƙarar dukan ƙota ta tashe ni. Baba ne ke gyara sungumi, idanunsa jawur. Ya ce mini, "Tambayi mai tatsuniya ina ƙwaryar iri take." Kafin in juya Kaka ta amsa daga madafa, "Ka ce mishi ƙwarya na hannun mai bin baya." Tsohuwar da ke kukan gwiwa kullum, ita ta ɗauki ƙwarya ta bi ɗanta gona.

Haka muka jera, Baba na sara, Kaka na jefa iri, ni ina bayanta ina taka ramin da diddigenta ya kasa rufewa. Muka yi ta shuka har rana ta ɗaga. Sai ta tsaya ta riƙe ƙugu ta ce, "Angona, ka ce ma wancan layin ga ya karkace. Shuka mukai ko biɗar maciji?" Baba ya jingina da sungumi ya yi dariya, hawaye na bin gemunsa, ya koma sara. Mun makara, hatsin bai cika rumbu ba, amma ya kai mu wata damina.

Yau ina zaune a Dogon Dutsi ina koyar da yara, na kuma zauna zaman makoki da yawa, har da na Kaka. Na lura mu mutane muna gaggawar share wa mai kuka hawaye, sau da yawa don mu ne ba mu iya kallo. Ni dai na bar cewa kowa ya daina. Nakan zauna kusa, in an jima in nemi ya riƙe mini wani abu, ko da buta ce.

Sai da na girma kuma na fahimci abin da na gani a gonar nan. Ina bayan Kaka, na ga tana yawan kai bakin mayafinta ga fuska, na ɗauka gumi ne. Inna ɗiyar ƙaninta ce, a hannunta ta tashi, ita ta yi mata kitson aure. Kowa ya zo ya yi wa Baba gaisuwa, ban tuna wanda ya zauna ya tambayi tsohuwa yadda ta kwana ba. Na daɗe ina alfahari da dabarar da ta yi ta tashi ɗanta ba tare da ta karya kunya ba. Ban san a kan reshen nan su biyu ne zaune ba, ita ce dai ta fara saukowa.