Oddrun da Gurbin Tsoho Torleif

Duk wanda ya taɓa ɗaure jirgi a tashar masunta ta Skarvik a zamanin Oddrun Hamre ya ɗanɗana bakinta. Ni dai na sha faɗanta har na daina jin zafi. Gajeriyar mace ce mai faɗin kafaɗa, ba ta rabuwa da wata jar hular ulu rani da hunturu. Tun kana bakin katangar da ke tare teku za ka hango hular tana kai da komowa a kan gaɓa, ka san an riga an zaɓa wa jirginka makwanci.

Ba 'yar bakin teku ba ce. Daga can cikin duwatsu ta zo tana budurwa, ta kama aikin feɗe kifi a ma'aikata, ta auri Sverre mai gyaran injinan jirage. Da tsohon mai kula da tasha ya ajiye aiki, hukumar gari ta yi ta cigiyar wanda zai gaje shi, maza suka yi ta noƙewa. A Skarvik kowa dangin kowa ne, wa zai buɗe baki ya ce wa surukinsa ya janye jirgi? Oddrun ta ce ita ba ta da kawu ba ta da ɗan kawu a garin nan, a ba ta. Aka ba ta, ana dariya ƙasa-ƙasa. Dariyar ba ta daɗe ba.

Yawancin dokokin tun zamanin kakanni suke, ita dai ce ta tashe su daga barci. Bakin ma'auni na sauke kifi ne, ka sauke ka matsa, ba a hira a nan. Ka ɗaure gaba, ka ɗaure baya, ka bar wa igiya sarari, don in ruwa ya janye kada a tarar da jirginka a rataye jikin turke. In jirage sun jeru gefe da gefe, mai sammako shi ke kwana daga waje. Mai tsallakawa ta kan jirgin wani ya bi ta goshi, kada ya leƙa wa mutane ɗaki. In ka kwance igiyar wani don ka fita, ka mayar da ita yadda ka same ta. Tsanin hawa gaɓa kuwa ba a tare shi, domin ranar da mutum ya faɗa ruwa a watan sanyi, tsanin nan ne ransa.

A kan tsanin nan ne muka san ba wasa ta zo yi ba. Mijinta Sverre ya zo duba wani inji, ya ɗaure ƙaramin kwalekwalensa a jikin tsani, wai yanzun nan zai fito. Da ya fito babu kwalekwale. Ta sa an ja shi zuwa can ƙarshen tasha, bayan rumfunan shanya kifi. Ya taka da ƙafa cikin ƙanƙara da akwatin kayan aiki a kafaɗa, muna kallo muna ƙunshe dariya. Aka ce da yamma ta zuba masa abinci kamar ba abin da ya faru, har da tambayarsa yadda aiki ya kasance.

Abu ɗaya ne muke ramawa da shi. Oddrun ba ta iya hawa ruwa. Ko babban jirgin fito ta shiga, kafin ya bar gaɓa fuskarta ta canza, sai jiri da amai. Sau ɗaya Sverre ya fita da ita suna sabon aure, ya dawo ya rantse ba zai ƙara ba. Muka sa mata suna Kyaftin ɗin Tudu. In ta tsananta faɗa, wani ya ce, "Kyaftin, shigo mana ki nuna mini da kanki." Ita kuma ta ce daga nan ma tana ganin shirmensa sarai, ba sai ta matso ba.

Torleif Strand shi ne mafi tsufa a cikinmu. Jirginsa na katako ne, Terna, ƙarami, ya girme wasu masuntan ma. Gurbinsa shi ne mafi daɗi a tashar, can cikin kusurwa kusa da matakala, inda iska ba ta kaiwa. Nawa jirgin a gefensa yake kwana, ta kan Terna nake tsallakawa kullum, don haka na san shi kamar yunwar cikina. Mutum ne mai taurin kai da ƙarancin magana, tun bayan rasuwar matarsa kuwa maganar ta ƙara raguwa.

Wata shekara da kaka ya faɗi a ƙofar gidansa, hannun hagu ya shanye, ƙafar ma sai ja. Likita da 'yarsa da ke birnin Tromso suka haɗa baki suka ce ba shi ba fita teku shi kaɗai. Bai yi musu ba, amma kowace safiya sai ya gangaro da sanda, ya sauka matakala a hankali, ya kwashe ruwan da ya taru a jirgi, ya tada inji ya saurare shi, ya kashe. Daga nan ya zauna a ɗakin tuƙi da kofinsa yana kallon masu fita.

To akwai wata doka, ita kuwa Oddrun ce da kanta ta matsa aka kafa ta shekarun baya, lokacin da ruɓaɓɓun jirage suka cika tasha. Gurbin tashar masunta na jirgin da ke aiki ne. Jirgin da ya zagayo shekara bai sauke kifi ba, sai ya koma wurin ƙananan jirage a bayan tsauni. Ga kuma Ingunn, wata matashiya da ta sayi jirgi ta shiga sana'ar da gaske, ba ta da gurbi, kullum can waje take kwana, sai ta tsallake jirage da yawa da kaya a hannu kafin ta taka ƙasa. Ba ta da laifi da ta je ofis ta tambaya. Kowa ya san in lokacin skrei, babban kifin da ke zuwa ƙarshen hunturu, ya wuce Terna bai jiƙa fatsa ba, magana ta ƙare. Kowa kuma ya san Torleif ba zai iya takawa zuwa bayan tsauni da ƙafar nan ba.

Mu muka fara kawo dabara. Na sami Oddrun a ɗan ofishinta na ce zan ajiye akwatin kifi ɗaya a kan Terna, a auna da sunan tsoho, shi ke nan. Ta dube ni ta saman tabarau.

"Eilif, yaushe kifi ya fara rarrafe daga jirgi zuwa jirgi? In na yi maka wannan, gobe da wane ido zan dubi yarinyar nan?"

Sai muka ce to ɗayanmu ya fita da shi. Ni na fara tayawa, wasu ma suka taya. Torleif ya ƙi. Ya ce jirgi ɗaya ba ya ɗaukar kyaftin biyu, kuma shi bai tsufan da za a zaunar da shi a jirginsa kamar buhun dankali wani na tuƙi ba. Gara a ja Terna a kai duk inda za a kai.

Ina cikin jirgina ina gyaran igiya ranar da Oddrun ta gangaro wurinsa. Ta tsaya a kan matakala, hannu cikin aljihu, ta gaya masa dokar tiryan-tiryan, ba ta rage komai ba. Ya ce ya sani, ba kurma ba ne. Ta ce ta ji ya kori duk waɗanda suka taya shi.

"Na kore su. Duk sun fi ni sani."

"To, kana bukatar wanda bai san komai ba ke nan. Mai hannu biyu, wanda zai yi abin da ka ce."

"Ina zan same shi a garin nan?"

"Ga ni."

Tsoho ya ajiye kofinsa. Ya ce, "Ke 'yar duwatsu, so kike ki mutu a jirgina a ce ni na kashe hukuma?" Ta ce ya bar mata wannan, shi dai ya zaɓi rana mai kyau. Ta ƙara da cewa sau ɗaya ne, kada ya sa rai da na biyu. Da za ta wuce ta rage murya ta ce mini in bi su daga nesa, kada in kuskura in matso sai in na ga abin ya ɓaci.

Ya zaɓi wata safiya a watan Maris, sama garau, iska kaɗan. Labari ya riga ya zaga, gaɓa ta cika, har matan ma'aikata sun fito da rigunan aikinsu. Oddrun ta sauko cikin rigar ruwan Sverre da ta kai mata gwiwa. Ba wanda ya yi tsokana ranar. Ita ta kwance igiyoyi, ta naɗe su tsaf, Torleif ya kama sitiyari da hannunsa mai lafiya, Terna ya fita daga kusurwa sumul kamar jiya ya bari.

Suna wuce katanga teku ya fara ɗaga su. Daga inda nake na ga ta duƙa a gefen jirgi, ta daɗe ba ta ɗago ba. Na ce a raina yanzu za su juyo. Ba su juyo ba. Tsoho ya kai su wani wuri da ya sani kusa da tsibiran duwatsu, ya rage inji, na jiyo muryarsa a kan ruwa yana ba da umarni: saki, ƙara saki, tsaya, ja! Rabona da jin ƙarfin muryar nan tun kafin ciwonsa. Ita kuma ta ja igiyar fatsa ta huta ta yi amai, ta goge baki ta koma ta ja. Da kifi na farko ya taso, ƙato, ta rasa yadda za ta yi da shi, ta rungume shi kamar jariri suka zube tare a cikin jirgi. Sai na ji Torleif yana dariya, irin dariyar da ke haɗe da tari.

Ba su kama da yawa ba, ko akwati ɗaya bai cika ba. Da rana ta ɗaga suka juyo. Shi ya kawo Terna bakin ma'auni da kansa, ya jingina shi a hankali, ko tayoyin gefen ba su yi ƙara ba. Aka ɗaga kifi aka auna. Oddrun ta hau tsani da rarrafe, ta miƙe a kan katakon gaɓa, ido rufe, fuska kamar toka. Mata suka kewaye ta, wata na yi mata fifita, wata ta kawo ruwa. Torleif yana ƙasa cikin jirgi ya soma ba mutane labarin yadda aka yi, ya manta da inda yake. Ba ta ko buɗe ido ba ta ce, "Baba Torleif, ka sauke. Matsa, akwai na bayanka."

Da yamma Sverre ya dafa kifin da hantarsa da ƙwansa da dankali, ya kira mu. Torleif ya ci har ya ƙara. Ita busasshen burodi kawai ta iya taunawa, ta ce har yanzu kujerar tana tafiya da ita.

Ingunn ba ta ji daɗi ba, kuma ba ta ɓoye ba. Ta ce wa Oddrun an bi doka, amma an zagaye ta. Oddrun ba ta kare kanta ba. Ta ce gaskiya ne, ta ba ta haƙuri, ta sama mata wuri na biyu daga gaɓa kafin gurbi ya samu. Sun yi 'yan watanni gaisuwarsu ba ta wuce ɗaga hannu.

Torleif ya ci bazararsa a kusurwar nan. Da kaka ta zagayo, ba wanda ya ce masa komai, ya aika aka kira Ingunn. Ya ce mata ya ga yadda take ɗaure jirgi, ba laifi, ta shigo gurbin kafin iskar hunturu ta fara. Sharaɗinsa ɗaya ne, ta bar masa kujera a ɗakin tuƙi in tana tasha. Terna kuwa ya ba wani jikan ƙanwarsa, aka kai shi kudu. Ingunn ta riƙe sharaɗin har ta wuce shi, don ranar da teku ya kwanta takan fita da shi, ta bar shi ya yi ta gyara mata abin da ta riga ta iya.

Tun daga fitar nan shi da Oddrun suka zama abokan kofi. Kullum da hantsi za ka gan su a kan benci kusa da matakala, suna gardama a kan ƙaton kifin nan. Shi ya ce shi ya kama, tunda shi ya san wurin kuma shi ya ce a ja. Ita ta ce hannun wa ya yi kanta, rigar wa ta yi ƙarni? Har ya rasu, hunturu biyu bayan haka, ba su daidaita ba. Ita ta ajiye aiki tuni, gwiwa ta hana ta yawan gangarowa, amma in ka je gaishe ta za ta ba ka labarin. Yanzu da babu mai yi mata musu, kifin ya kusa kai tsawon Sverre.