Farin Kambas a Zauren Malam Ramadan

Duk wanda ya koyi badmintan a hannun Malam Ramadan na Madabo ya san shi da abu biyu: da hagu yake riƙe raket, kuma in ka kuskura ka tuɓe takalmi a ƙofar zaurensa, zai daka maka tsawar da sai ka zabura. A birnin Kano fa, inda tuɓe takalmi shi ne ladabi! Wasu suka ce taɓin hankali ne. Ƙarya suke yi, mutane dai ba sa gajiya da surutu.

Ramadan jikan Larabawan Turabulus ne masu fataucin fatu. Mahaifinsa ya so ya zauna masa a rumfarsa ta kasuwar Kurmi, shi kuwa tun a makarantar midil ya liƙe wa wasan nan na raga da ƙwallon gashin tsuntsu. Dogo ne, ƙafa faska-faska, hannun damansa kuwa in ya sauke duka sai dai ka ji ƙara. Abokin wasansa na biyu-biyu wani Ibo ne ɗan Sabon Gari, Obiora, akawu, ɗan tsurut da shi, ga zafin nama a bakin raga. Shekara bakwai suna tare. Sun ci wasa a Ikko, sun tsallaka ƙasar Gana sun dawo da kofi.

Hajiya Mabruka, mahaifiyar Ramadan, ita ta koya wa Obiora zaman birni. Ran da ya fara zuwa gaishe ta ya taka mata tabarma da takalmi, ta wanke shi tas. Bai ƙara ba. Daga baya har “ɗana” take ce masa.

Sai ga shekarar 1966, aka shiga farautar 'yan kabilar Ibo a gari. Wata safiya a farkon Oktoba Ramadan ya hau keke ya nufi Sabon Gari neman abokinsa. Innalillahi! Hayaƙi ya turnuƙe ko'ina. A gabansa aka fizgo wani mutum daga mota aka rufe shi da duka, har ya daina kare kansa. Gawar wata mata tana kwance rabi a kwata, kwanon cefanenta a kife. A ɗakin da suke motsa jiki ya tarar da Obiora, ya dunƙule bayan raga, daga shi sai singileti da farin kambas ɗinsa na wasa. Ramadan ya zura masa babbar rigarsa, ya kafa masa hula, ya goyo shi ta Ƙofar Mazugal.

Hajiya ta leƙo zaure ta ce, “Shigo da shi ɗakina, maza!”

To, a nan aka yi kuskuren. Mutumin da ake nema da adda, ya zo ƙofar shiga cikin gida, sai ya sunkuya ya tuɓe takalmansa, ya jera su tsaf, sannan ya shige. Shekara bakwai yana yin haka, jikinsa ne ya yi ba shi ba. Ramadan ma ko lura bai yi ba.

Ba a daɗe ba mutum kusan ashirin suka cika zauren, da gorori da adduna. Na gabansu Sule ne, ɗan dakon da ya shekara goma yana ɗaukar fatun gidan.

“Ramadan, fito mana da shi,” in ji Sule.

“Da wa? Mata ne a ciki, Sule. Ka san ba shiga.”

Sule ya nuna ƙasa da bakin addarsa. Ga kambas nan fari, da ɗigon jinin hanya a hancinsa.

“Nawa ne,” in ji Ramadan.

“To, sa mu gani.”

Ya tura ƙafa. Yatsu suka shiga, dunduniya gaba ɗaya tana waje. Wani daga baya ya tuntsire da dariya.

Ramadan ya ja da baya ya tare ƙofar, ya damƙe ginshiƙinta da hannun dama. Gora ta sauka a kansa, jini ya rufe masa ido. Wata ta karya masa haƙarƙari biyu. Bai saki ba. Sule ya ɗaga adda ya sari hannun: babban yatsa da biyu na kusa da shi suka faɗi a kan daɓe. Sara na biyu ya tsinke jijiyar wuyan hannun. Ramadan ya kurma ihu, ya durƙushe, amma ya tokare ƙofar da kafaɗa.

Sai Hajiya Mabruka ta fito, ba mayafi, kanta fari fat. Ta zauna daram a bakin ƙofar, cikin jinin ɗanta, ta miƙe ƙafafu.

“Sule,” ta ce, “tuwona nawa ka ci a zauren nan? Zo ka tsallake ni.”

Kai, mutum abin mamaki ne! Waɗanda suka sari hannu ba su ji komai ba, tsallake tsohuwa ya gagare su. Suka yi cirko-cirko, suka fice ɗaya bayan ɗaya.

Aka kwashi Ramadan zuwa asibiti a sume. Washegari Hajiya ta sa aka cusa Obiora cikin motar fatu mai zuwa Damagaram, ƙafarsa ba takalmi. Ta ce masa ɗan rauni ne kawai Ramadan ya ji. Yaƙin basasa ya ɓarke, labari ya yanke.

Wasa ya ƙare wa Ramadan yana da shekara ashirin da tara. Ya koyi riƙe raket da hagu, ya koma koci. Ba ya wasa da horo, ba ya yabo, amma 'yan wasansa har ƙasashen waje sun ciyo. Hannun dama kullum yana cikin riga, ko gaisawa ba ya yi da shi. Sule kuwa ya ci gaba da dakonsa a Kurmi, ba wanda ya ce masa kanzil, abin takaicin ke nan. Kambas ɗin suna kan kanta a zaure, duk Juma'a Ramadan yana goge su da alli. Bai san ko mai su yana raye ba, kuma wannan ya fi hannun ci masa rai.

Shekara guda bayan an gama yaƙi, da la'asar, wani ramammen mutum ya yi sallama. Ƙafarsa ɗaya, yana dogara sanda. Ya jingina sandar ya sunkuya zai kwance takalmi.

“Kai! Kada ka cire!” Ramadan ya daka masa tsawa.

Mutumin ya ɗago. “Hajiya za ta yi faɗa,” ya ce.

Obiora ne. Da ƙyar Ramadan ya ce, “Hajiya ta rasu bara.”

Obiora ya yi tsalle ɗaya ya matso, ya miƙo hannu. Ramadan ya zaro na daman daga cikin riga ya ba shi. Obiora ya riƙe yatsu biyun da suka rage, ya dubi kantar da aka jera kambas, ya sake duban hannun. Hawaye suka zubo masa.

“Takalmina ne suka jawo?”

“Rufe mini baki,” in ji Ramadan, shi ma yana kuka. “Shigo da takalminka.”