Raƙumin Hambali a Cikin Zaren Gilashi

Hambali bai taso da burin haɗa wayar faiba ba. Mahaifinsa ya shekara ashirin yana riƙe da makullin ƙofar ruwa a wani kanal da ke bayan Bunkure, shi ma ya gaji makullin, ya gaji zagin da ke biye da shi. Mai raba ruwa da rani ba shi da masoyi sai wanda ruwan ke kwance a gonarsa a wannan sa'ar. Da an juya shi gonar maƙwabci, to gaisuwa ma sai an yi ciniki.

Shekarar da aka zo binne waya a gefen titin Zariya, ya ajiye makullin ya shiga cikin masu haƙa. Wani injiniya mai suna Abel, mutumin Filato, ya lura cewa hannun Hambali ba ya rawa. Hannu ne da ya saba da dashen albasa. Sai ya zaunar da shi a gaban injin haɗi, ya nuna masa yadda ake feƙe waya har a kai ga zaren gilashin da ke ciki, a goge, a yanke, a narka bakin biyu su zama ɗaya. Ya kuma yi masa karatun haske, wanda Hambali ya saurara baki buɗe, kamar mai jin tafsiri.

Matarsa Barira ba ta taɓa yarda da wannan labari ba. Ta ce mutumin da in maɓallin rigarsa ya cire sai ya bi ta da allura yana cewa idonsa ba ya gani, shi ne zai ɗinke gilashi?

Bara ne ƙungiyar manoman garinsu ta samu tallafin sa kyamara da ma'aunin ruwa a ƙofar kanal, a riƙa gani daga ofis, don a huta da rantse-rantsen wa ya saci ruwan wa. Tsakanin ofis da ƙofar kilomita uku ne, kuma dole wayar ta bi gefen gonaki arba'in. Manoma suka ce atafau. Alhaji Suhaibu, wanda gonarsa ta fi ta kowa tsawo, ya ce ya san 'yan kwangila: yau su haƙa, gobe su dawo neman abin da suka manta a ramin.

Hambali ya miƙe a gaban jama'a ya ce, "Baba Alhaji, ni zan haɗa ta da hannuna. Sau ɗaya za a haƙa, kafin dashe. In aka sake sa diga a gonarka, kada ka ƙara amsa sallamata."

Aka yarda saboda ɗan gida ne. Aka binne waya, aka yi dashen tumatir a kanta, tumatir ya yi fure.

Ranar gwaji ofis ya cika. Abel ya jona komai, ya kunna. Allon ya tsaya baƙi ƙirin. Ya kashe ya kunna, ya hura bakin wayar, ya yi wata 'yar addu'a da yarensu. Shiru. Na'urar da ke gano inda waya ta lalace tana Kaduna a wani aiki, mai kamfanin su Abel kuwa ya ce ta waya ba zai jira ba: gobe a tono mahaɗa huɗun da ke ƙasa a duba. Biyu daga cikinsu suna ƙarƙashin tumatirin Alhaji Suhaibu.

Alhaji ya juyo. Ya dubi Hambali kawai, ya gyara zaman hularsa.

"Oga Abel," in ji Hambali, "ba ni lokaci zuwa la'asar."

Abel ya ce, "Hambali, ban ce ba ka iya ba. Amma haske ba ya ƙarya."

"Shi ya sa zan je in tambaye shi."

Yana da wata 'yar tocila mai kamar biro da ke fitar da jan haske. Ya manna ta a bakin wayar, ya damƙa wa sakataren ƙungiya, Malam Sada, ya ce ko atishawa ta zo masa ya haɗiye. Ya hau babur ya nufi ƙofar ruwa. Can ya lulluɓe kansa da babbar riga, ya leƙa ɗaya bakin. Ga ɗigon ja, ƙarami kamar ƙwayar barkono, yana kallonsa. Gilashi lafiya lau, daga farko har ƙarshe.

Da ya dawo sai ya tsuguna a gaban akwatin da wayar ke shiga a ofis. A kowane ƙarshen waya akwai 'yar fitila mai girman yatsa, ita ke tura saƙo cikin zaren. Ya ce, "Malam Sada, waɗannan fitilun daga wane kwali aka ɗauko su?"

Malam Sada ya washe baki, don an zo wurin da yake jiran yabo. Ya buɗe kabad ya fito da wata langa mai murfi, irin ta tuwo. "Kwali kuma? A Bunkure? Ai da na bar su a kwali da gara ta gama da su tun kaka. Yadda nake adana irin albasa haka na yi musu. Na juye su wuri ɗaya, na rufe. Da Injiniya ya ce in miƙo biyu, na zaɓo masa masu ƙyalli."

Kwali biyu ne suka zo, ɗaya na gajerun wayoyin cikin ofis, ɗaya na doguwar. A ido duk ɗaya suke. Hambali ya zare ta jikin akwatin, ya ari tabarau ɗin Alhaji Suhaibu, ya karanta ɗan rubutun da ke gefenta: ɗari takwas da hamsin.

Abel ya dafe kai.

"Ku yi mana bayani mana," in ji Alhaji. "Tumatirina ne a kan layi."

Hambali ya ce, "Baba, kowane haske da tsawon takunsa. Wayar nan tamu hanyar cikinta siririya ce, gashin kai ya ninka ta kusan sau takwas. Kamar lungu ce tsakanin danga biyu. In ka kora raƙumi ciki, takunsa dogo ne, ba shi da wurin kwana-kwana, hanya ɗaya zai bi har ya fita. In awaki ka kora, wata ta bi nan, wata ta bugi danga ta dawo, ba za su iso tare ba, wasu ma a bakin lungun za su watse. Lungun yana da iyaka, dubu ɗaya da ɗari biyu da sittin. Takun da ya haura nan raƙumi ne. Wanda bai kai ba akuya ce, wurinta waya mai faɗin ciki, kuma tafiyar kusa. Mu kuwa awaki muka aika kilomita uku."

"To ina raƙumin?" in ji Alhaji.

Hambali ya tona langar, ya fito da biyu masu shuɗin mariƙi, dubu ɗaya da ɗari uku da goma. Ya sa ɗaya a ofis, Abel da kansa ya karɓi ɗayar ya hau babur, yana cewa karatun da ya koyar ne aka dawo masa da shi da ƙafa huɗu.

Ana gab da kiran la'asar allon ya washe. Ga ƙofar ruwa, ga kanal yana sheƙi, ga Abel yana ɗaga wa kyamara hannu biyu. Ofis ya ɗauki kabbara. Malam Sada ya fi kowa ɗaga murya, ya kuma tunatar da jama'a cewa ba don langarsa ba da babu raƙumin ma.

Alhaji Suhaibu ya karɓi tabarau ɗinsa, ya goge, ya ce, "Ɗan nan, yi mini sallama in ji."

"Salamu alaikum, Baba."

Alhaji ya amsa ta har da albarkatu, da ƙarfin da na waje suka jiyo.

Ba a sake sa diga a gonar kowa ba. Da tumatir ya nuna, kwanduna suka riƙa isowa ƙofar gidan Hambali ba tare da an ce daga wa ba, har Barira ta yi mako tana yanka tana shanyawa. Ta ce ta ji, ta yarda ya iya gilashi. Sai ta miƙa masa allura da zare da rigarsa ta Juma'a, ta ce tunda raƙumi ya wuce, wannan ma a gwada.