Abokina da ya dawo neman matata

Shekarun baya, ni da abokina dako muke yi a bakin iyakar Jibiya. Shinkafa, jarkar mai, duk abin da aka ɗora mana. Wata rana ya ce ya gaji, zai bi motar Agadas ya nemi aiki can gaba. Ya bar mace da jaririya, ya tafi.

Labari ya zo cewa motarsu ta lalace a cikin rairayi, ba wanda ya fita. Aka jira shekarun da malamai suka ce a jira, alƙali ya yanke hukunci, matar ta yi takaba. Dama ni ke kai musu hatsi. Da ta gama, iyayenta na ƙauyen Riko suka ce ko zan riƙe ta. Na aure ta, muka haihu.

Wata ranar kasuwa ina ɗaure kaya a kura sai aka dafa kafaɗata. Na waiga. Shi ne. Ya rame, kai ya yi furfura, ga tabo daga goshi har bayan kunne. Ni da na sha ganin gawa a hanyar nan ban ko girgiza ba, sai ga ni zaune daɓas a ƙasa, igiya a hannu, baki buɗe.

Ya ce, "Kai, mi ya tsufar da kai haka cikin sati guda? Tashi ka raka ni gida, na yi wa iyali tsaraba."

Na leƙa ledar. Takalmin jarirai ne. Yarinyar kuwa har ta fara sa hijabi tana zuwa Islamiyya.

Na kai shi gidan yayansa. Malamai suka zauna, suka ce aurena na nan. Aka faɗa masa. Ya yi kukan da ban taɓa jin namiji ya yi ba. Na ce shi ke nan, an wuce wurin.

Washegari da safe sai ga sallamarsa a ƙofata, da ledarsa. Wai maƙwabta sun ce iyalinsa na nan, ko lafiya? Bai tuna komai na jiya ba. Na sake faɗa masa, ya sake kukan. Jibi ma haka. Muka kai shi asibiti a Katsina, likita ya ce duka ne da ƙishirwa suka taɓa ƙwaƙwalwar, tsohon abu na nan, sabo ba ya zama. Inda ya yi shekarun nan, har yau ba wanda ya sani.

Kullum da safe sai na kashe mutumin nan da bakina, matata na bayan zaure tana ji. Rannan ta ce, "Maigida, ba zan iya ba. Ko a samu mafita, ko in koma gidanmu." Ba ta da laifi. Na ga gidana zai watse.

Ana haka, muna zaune a tasha da shi, wani direba ɗan Maraɗi ya kunna fim a waya, irin wanda ake fassarawa da Hausa. A fim ɗin, wani mutum ya shiga akwatin ƙarfe, ya fito shekaru da yawa a gaba. Kansa ya ƙi riƙe sabbin kwanaki, likitocin fim ɗin suna kiran abin ciwon tsallaken lokaci. Ya je gidansu ya tarar da wasu mutane a ciki. Direbobi na ta dariya. Abokina bai yi ba.

Ya ce, "Maido baya." Aka maido. Ya ce, "Wannan ai ni ne. Motar can ce ta yi tsalle da ni."

Direban ya ce, "Haba Malam, ƙarya ce sunka shirya. Kamiyona da nike tuƙawa ko rami ba ya tsallakewa, balle shekara." Na take masa ƙafa.

Na je wurin masu tura fim, aka sa mini shi a waya. Da safe da abokina ya yi sallama, maimakon in faɗa masa sai na zaunar da shi ya kalla. Ya gama, ya dubi furfurata.

"Na yi tsalle ko?"

"Ka yi."

"Da yawa?"

Na kira yarinyar ta durƙusa ta gaishe shi. Ya daɗe yana kallonta, ya tura ledar bayansa.

"Uwarta fa?"

"Tana ciki. Da aurena."

Na jira kukan, bai zo ba. Can ya ce, "Gara kai da wani."

Daga nan yayansa ke nuna masa fim ɗin duk safiya kafin ya fito. Matata ba ta koma Riko ba. Shi kuma yana tasha, yana gadin kayan fatake.

Wani malami ya tare ni ya ce ƙarya nake ciyar da bawan Allah. Na ce masa na gwada gaskiya tsirararta, na ga abin da take yi masa. Ni abin da na gane, mutum zai iya ɗaukar rashi in aka ba shi dalilin da ba ya sa shi zargin kowa. Amma har yau, in na ji sallamarsa da safe, gabana sai ya faɗi, don ban san wanne ne a ƙofar ba, wanda ya kalla ko wanda bai kalla ba.